Wa Ya Yafe?

Assalamu alaikum wa rahmatullah.

Shugaban wannan taro, mai girma wakilin Hakimi, Allah ya ja zamaninka. Malamanmu, Allah ya gafarta muku. Dattawan Guri da na Haɗeja, wakilan kamfani, 'yan'uwana mata da kuka cika bayan rumfa, ina gaishe ku gaisuwar girma.

Sunana Yakaka, mai sayar da bandar kifi, uwar Munzali, wanda yake ɗaya daga cikin mutum bakwai da tifar kamfanin nan mai kwasar yashi ta murƙushe a hanyarsu ta zuwa kasuwar Haɗeja. An ce in yi jawabin godiya a madadin iyalan mamata, to zan gode wa wanda ya cancanta. Na gode wa manoman da suka bar aikin shinkafarsu suka fito da 'ya'yanmu daga cikin ƙarfen motar da suke ciki. Na gode wa waɗanda suka yi musu wanka da sutura. Allah ya saka musu da alheri.

Sauran magana uku ce.

Ta farko, buhunan nan da aka jibge a gabanmu. Mun gan su, shinkafa ce. Mu da muke shuka ta, mu yanke ta, mu turara ta, mu aka yi wa ɗawainiyar kawo wa shinkafa, har da mai ɗaukar hoto. Idan sadaka ce, Allah ya karɓa. Amma na ji mai gabatarwa ya kira ta diyya, kuma tun ina yarinya ban taɓa jin an auna ran Musulmi da tiya ba.

Ta biyu, ƙaddara. Kowa ya zo, ƙaddara. Kowa ya tashi, sai haƙuri. Mun yi imani da ƙaddara tun kafin a kafa kamfanin, kuma haƙuri ba mu saye shi a hannun kowa ba. Amma malamai, ga ku zaune, ku gyara mini idan na yi kuskure: Ubangijin da ya ƙaddara mutuwa, ba shi ne ya shar'anta diyya ba? Kuma a kan kisan kuskure ya shar'anta ta. Ba mu ce direba ya yi niyya ba. Mun ce ya shigo da gudu inda ruwa ya cinye gefen titi, inda mai Keke Napep ma sai ya lallaɓa. Don me ake karanta mana rabin karatu, a ninke rabin a sa aljihu?

Ta uku ita ce ta hana ni barci. Ana yaɗawa cewa mun yafe. Ga yadda aka yi. Ranar sadakar uku, wakilin kamfani ya zo kan tabarmar makoki, ya durƙusa gaban Baffa Tasi'u, yayan mijina, ya ce, "Baba, a yafe mana." Dattijo, ga jama'a, ga hawaye, ya ce, "Ba komai, ɗana, Allah ya yafe mana baki ɗaya." Me kuke so ya ce? Wane Bahaushe ne za a roƙa gafara a zaman makoki ya murtuke fuska? Kunya ce ta yi magana, sai aka ɗauke ta aka kai ofis, aka ce iyalai sun janye. Baffa, ban raina ka ba, kai uba ne, amma haƙƙin ba naka ba ne. Ba a kyauta da akuyar maƙwabci. Diyya gadon magada ce, kuma yawancin magadan nan marayu ne da ba su san ma'anar yafiya ba.

Saboda haka ga matsayarmu, mu matan gidajen nan bakwai. Ba mu yafe ba. Ba za mu taɓa buhu ko ɗaya ba sai an kira shi da sunansa na sadaka. Za mu je gaban alƙali, mu je da ƙafarmu, mu koma, mu sake komawa. An ce mana kamfani yana da lauyoyi, mu kuma ba mu da kowa. Wanda ya yi shekaru yana jiran ambaliya ta janye kafin ya yi shuka, zaman kotu ba zai gajiyar da shi ba.

Ga surukata Ummussalma can, matar Munzali, ba ta fito ba sai yau saboda nauyin ciki. Abin da ke cikinta magaji ne, shari'a ta ajiye masa rabonsa tun bai zo duniya ba. Duk mai neman yafiya ya jira a haife shi, ya jira ya yi baki, ya jira ya tambayi ina ubansa. Ran nan sai ku durƙusa ku roƙe shi.

Allah ya jiƙan mamatanmu, ya sa Aljanna ce makomarsu. Allah ya raya marayunmu, ya ba shugabanninmu ƙarfin faɗin gaskiya, ya mayar da kowa gidansa lafiya a kan wannan hanya.

Na gode da kuka saurare ni.