Kofin Gwaggo Maji

Da sunan Allah Mai rahama Mai jinƙai. Shugaban wannan zama, Alhaji Isah, uban direbobin tashar Magama. Malam liman da na'ibinsa. Jami'an bakin iyaka da suka bar inuwar ofis suka zo suka zauna da mu. Iyayenmu mata masu tuwo da masu shayi. 'Yan kamasho da 'yan lodi. Baƙinmu na Gangara da Farfaru da Mazanya. Jama'a manya da ƙanana, assalamu alaikum.

Ina godiya ga shugaba da ya ba ni wannan dama, ina kuma godiya ga Hajiya Barira da ta share mana rumfarta. Ga wanda bai san ni ba, ni ne Malam Ummaru, wanda shekara da shekaru yake tsayawa gefen talabijin ɗin nan yana mayar muku da Turanci Hausa. Murya ta dushe, gwiwa ta yi sanyi, ga rana ta take, don haka ba zan ja ku da nisa ba.

Magana ta farko. Labari ya iso mana cewa Marjorie Tadlow, Baturiyar Ingila da muke kira Gwaggo Maji, ta mutu a gidan kula da tsofaffi. Ba ta san Jibiya ba, ba ta san akwai wata rumfa a bakin iyaka da ake rantsuwa da haƙurinta ba. Amma mu mun san ta. Ta fara wasan talabijin tana budurwa, 'yar aiki mai ɗaukar faranti, ta shigo ta ajiye ta fita, ko tari ba a ba ta ta yi ba. Daga nan ta yi ma'aikaciyar jinya, ta yi matar ɗan sanda, har aka ba ta matsayin da ta tsufa a cikinsa: mai shagon shayi a bakin teku, wadda ɗanta ya shiga jirgin ruwa bai dawo ba. Kowace safiya sai ta ɗauko kofinsa ta ajiye a kan tebur kusa da ƙofa. A gabanmu gashinta ya yi fari, a gabanmu tafiyarta ta koma ta ja-da-ƙafa. Direba ya kwana uku yana jiran takarda, ya cika ya batse, ya shigo nan ya ga Gwaggo da kofinta, sai ka ji ya ce to shi me ya jira.

Magana ta biyu. Kun san al'adarmu. Duk motar da za ta tsallaka, bayan gero da taliya, tana ɗauke da wani lodi da ba ya biyan kuɗin duwan ko na kwastan, wato labarin Gwaggo. Direba ya kalla a nan, ya sauke shi a Ɗan Isa, a ƙofar gidan Inna Halimatussa'adiya, mahaifiyar Hajiya Barira. Tsohuwar nan ba ta taɓa ganin fuskar Gwaggo ba, idonta ya riga ya tafi, amma ta fi mu riƙe labarin. Kun kuma san dalili. Autanta Shafi'u ya bi hanyar Agadas neman arziki tun yaranmu na goye, har yau ko mai cewa ya gan shi babu. Tun daga lokacin take fitar da tabarmarta bakin titi, ta ajiye kwanon furarsa a rufe da faifai.

Sai aka rufe iyaka. Kun sha, na sha, ba sai na tuna muku da motocin da tayoyinsu suka ruɓe a tsaye ba. A cikin wannan zaman ne wasan ya ƙare, mu kaɗai muka gani. Kuma ga yadda ya ƙare, in akwai wanda ya manta ko yake so ya manta: yaron bai dawo ba. Gwaggo ta tashi da safe, ta dubi kofin nan ta daɗe, ta ɗauke shi, ta wanke, ta jera shi cikin sauran kofuna. Sannan ta ja kujera ta zauna ta sha shayinta da zafinsa.

Magana ta uku, ita ce ta tara mu. Da aka buɗe hanya, kowa ya tsallaka da nasa ƙarshen. Abdu, ga ka nan kana sunkuyar da kai, kai ka ce mata yaron ya dawo da jirgin kansa. Mujahid ya ce ya dawo da mata da 'ya'ya. Wani, ba zan kama suna ba don surukina ne, ya ce wai tarho ya bugo yana nan tafe. Na sani tausayi ne. Ban ce ku mugaye ba ne, na ce kun yi gyaran gangar Auzinawa. Da can tsohuwar nan in rana ta yi zafi takan shiga ɗaki. Yanzu tun da kuka ce na Gwaggo ya dawo, ba ta shiga. Ta ce kada motar da za ta kawo nata ɗan ta tsaya ba ta wurin. Hajiya Barira ta je ta same ta ƙafafu sun kumbura, tari ya kama ta, an yi lallashi an yi faɗa, ta ƙi ɗagawa.

Na gaji, jama'a. Na gaji da fassara, na gaji da jiran iyaka, na gaji da duk wanda zai tayar da mota sai ya leƙo ya tambaye ni me zai ce wa Inna. Shi ya sa ranar kasuwar da ta wuce na shiga mota na je da kaina, tun da an ce zuwa da kai ya fi saƙo. Na tafi da niyyar in daidaita ƙaryar taku ta zama guda. Na gaishe ta, ta gane muryata, ta riƙe hannuna. Kafin in buɗe baki ta ce:

"Malam, ɗiyan nan kowa da irin nashi. Ni ba yaron nike tambaya ba. Ita Gwaggon, ta samu ta zauna kuwa? Ko har yanzu tana tsaye bakin ƙofa?"

Ni da na yi rabin rayuwata ina magana a bakin wasu, sai na ce mata bari in shawarci jama'a, domin labarin ba nawa ba ne ni kaɗai, na rumfar nan ne.

To ga roƙona, kuma shi kaɗai na kawo. Mu haɗa baki a kan gaskiya. Ɗaci gare ta, na sani, amma ramin ƙarya ƙurarre ne, kuma ba mu ne muke zaune a cikinsa ba, tsohuwa ce, a rana. Gobe motar Abdu ce farkon tashi. Ni zan zauna gaba, Hajiya Barira a baya. Kai ka kai jirgin, Abdu, kai za ka je ka ɗauko abinka. Ni kuma zan gaya mata yaron bai dawo ba, Gwaggo ta wanke kofin ta zauna, kuma ba wanda ya ce ta daina son ɗanta. Abin da Inna za ta yi da kwanonta, wannan tsakaninta da Ubangijinta ne. Amma duk wanda ya bi bayanmu kada ya sake sauke mata wani ƙarshen.

Allah Ya ba Inna lafiya, Ya sanyaya mata zuciya. Allah Ya bayyana Shafi'u in yana raye, Ya jiƙansa in ya riga mu. Allah Ya tsare direbobinmu a hanya, Ya bar iyakar nan a buɗe, Ya zaunar da ƙasashenmu biyu lafiya, Ya mayar da kowa gidansa. Hajiya Barira, ki taho da mayafi mai kauri, in Allah Ya so gobe a ɗaki Inna za ta yi azahar.

Na gode.