Ita ta tsufa a fim, ni ina jan kaya a Shahe

Assalamu alaikum Malam mai gabatarwa, sannu da aiki. Daga unguwar Panyu ta birnin Guangzhou a ƙasar Sin nake rubutowa.

Saboda wasannin Olympics an tsananta binciken biza, na daina zuwa sari kasuwar Shahe, sai zaman ɗaki. Rakiya, ɗalibar Nijar da muke haya tare, ta sa mana finafinan wata Bafaranshiya. A na farko budurwa ce. A na ƙarshe ta yi furfura, amma har yanzu labarin a kanta yake.

Rakiya ta ce, "Yaya, matar nan ta yi aure, ta haihu, ba ta taɓa daina fim ba."

Malam, abin ya tsaya mini a rai. Ni ma na yi fim a Kano. Da aka ɗaura mini aure na ajiye, kamar yadda ake yi a wajenmu. Auren kuma ya mutu. Washegarin kallon na kira tsohon daraktana, ya ce, "Hajiya, sai dai ki fito uwar jarumi." Jarumin nan wallahi ya girme ni!

Jama'a, ku ba ni shawara: in haifi yayana a fim, ko in ci gaba da jan buhun kaya?

Taku, Hajiya Binta.