Mangwaron da nake kwatance da shi

Assalamu alaikum Malama mai gabatarwa, da fatan kina lafiya. Sunana Malam Garba, tsohon tela a unguwar Lalala, Libreville.

Mu a nan ba mu saba kwatancen gida da lamba ba. Shekara da shekaru ina cewa "bayan babban mangwaro", kowane direban tasi ya gane. Ranar da ƙanena Sale zai tafi Port-Gentil neman aiki, cewa ya yi, "Yaya, in dai mangwaron nan yana tsaye, zan same ka." Tun daga nan ban ji ɗuriyarsa ba.

Bana aka sare bishiyar don faɗaɗa hanya, ma'aikatan ofishin magajin gari suka liƙa mini lamba a ƙofa. Amma da la'asar, in iskar teku ta taso, nakan lumshe ido in ji ganyen yana motsi, in hango Sale da 'yar jakarsa yana dube-dube.

Ƙafafuna ba sa kai ni bakin titi yanzu. Jama'ar Lalala, don Allah in wani dattijo ya tambaye ku mangwaro, kada ku ce masa babu. Ku riƙo hannunsa ku kawo mini shi.