Ƙullutun da ke gwiwar Rifkatu

Ina gaishe ku cikin sunan Yesu Almasihu, 'yan'uwa. Salamar Ubangiji ta zauna tare da mu duka.

Ga waɗanda ba su san ni ba, sunana Saratu, amma an fi kira na Maman Rifkatu. Ina sayar da abinci a wata rumfa kan hanyar jami'a a nan Dutsin-Ma. Maigidana, Malam Yohanna, yana koyarwa a firamare a Kurfi, ran Juma'a yake dawowa gida, Litinin da sassafe ya koma. In kun ji muryata ta yi ƙasa ku yi haƙuri. Shekara uku ke nan rabona da hutu.

Rifkatu tana da shekara goma sha ɗaya na fara ganin abin. Ina yi mata kitso, ta miƙe ƙafa a kan tabarma, sai na hangi wani ɗan tudu a saman gwiwarta ta hagu, ta ciki. Na taɓa, na ji shi tauri kamar dutse, ba ya motsi.

Na ce, "Yana miki ciwo?"

Ta ce, "A'a Mama, ai ya daɗe."

Ina da ƙane, Iliya, mu biyu kaɗai ne a wurin mahaifiyarmu. Shi ma da kumburin ƙafa ya fara. Aka kai shi asibiti, aka ce dajin ƙashi ne, aka yanke ƙafar, bai shekara ba ya rasu. Ni na yi jinyarsa. Tun ranar da aka binne shi na ƙulla a raina cewa asibiti ne ya ƙarasa shi. Da na ji taurin nan a ƙafar 'yata, sai na ce wa kaina, wannan ƙafa likita ba zai gan ta ba.

Maigidana ya ce mu je asibiti a ɗauki hoton ƙashin. Na ce masa buguwa ce, a bari tukuna. Daga nan na shiga yawo.

Na kai ta wurin wani maɗori a wani ƙauye bayan Kurfi. Ya ce tsohon targaɗe ne, ya yi ta murzawa yarinya tana ihu, ya ɗaure da kara da tsumma. Bayan sati biyu muka kwance, abu yana nan. Na kai ta wurin wanzami, ya tsattsaga wurin ya yi mata ƙaho. Tsagar ta ɗuri ruwa, sai da muka yi wata guda muna wankewa. Man shafawa kuwa babu irin wanda ban saya ba. Na yi azumi har na rame. Amma duk addu'ata guda ɗaya ce: Ubangiji, ka ɓatar da shi don kada in je asibiti.

Tana girma, shi ma yana girma, har ya kai ƙwan kaza. Sai ciwo ya shigo. In ta durƙusa ko ta yi tafiya mai ɗan nisa, sai ta ce wani abu yana goga ta daga ciki. Ta daina tsayawa cikin mawaƙan coci. Makarantarsu ba nisa, amma sai ta zauna sau biyu a hanya kafin ta isa. In babanta ya tambaya, in ce masa yana raguwa. Yarinya ta fara girma, uba ba zai ɗaga mata zani ya duba ba. Na san haka, da shi na fake.

Yanzu zan faɗi abin da ya fi yi mini nauyi.

Bara, bayan girbi, a taron zumuntar mata, na tashi na ce Ubangiji ya warkar da Rifkatu. Da yawanku mata kuna wurin. Kuka tafa, kuka yi guɗa, aka ɗauki waƙa. 'Yan'uwa, ƙarya na yi! Na gaji ne da tambaya. Matar Fasto kuma ta ce mini ita da kanta za ta raka mu asibiti a satin, na rasa yadda zan kuɓuce mata. Na ga in na ce ta warke, kowa zai ƙyale ni. Na ɗauki sunan Ubangiji na rufe tsorona da shi. Mama, matar Fasto, ki gafarce ni. Ku duka ku gafarce ni.

Kwana uku bayan haka, da rana, Rifkatu ta taso daga makaranta ta same ni a rumfa ina kwashe shinkafa. Ta zauna a benci tana haki. Ta jira masu cin abinci suka ragu, sannan ta ce, "Mama, wata mata ta tare ni a hanya ta yi mini barka da warkewa."

Ban ɗago kai ba. Na ce, "Me kika ce mata?"

"Na ce na gode."

Can ta ce, "Mama, tunda kin ce Yesu ya warkar da ni, me ya sa har yanzu nake jin ciwon? Ko ni ce ba ni da bangaskiya?"

Wayyo ni! Ludayin da ke hannuna ya faɗi. Yarinya 'yar shekara goma sha huɗu tana ɗora wa kanta laifin da nawa ne.

Na zaga bayan rumfa, wurin da muke wanke tukwane, na durƙusa cikin ruwan wanke-wanke. Ban iya wata doguwar addu'a ba. Na ce, "Ubangiji, na gaji. Ba kai na dogara gare ka ba, tsoro nake bauta wa. Ga Rifkatu, taka ce. Ko da ƙafa biyu ko da ɗaya, taka ce. Ka ba ni ƙarfin da zan kai ta."

Ban ji wata murya ba, ban ga wani haske ba. Abin da na sani shi ne, da na tashi, hannuna ya iya ɗaukar waya. Na kira maigidana a Kurfi na faɗa masa komai. Ya saurare ni har na gama. Sannan ya ce, "Saratu, shekara uku?" Na ce, "I." Ya ce, "Gobe ina tafe."

Maƙwabciyata Hajiya Dije, wadda nake sayen hatsi a wurinta, da ta ji za mu tafi sai ta shigo ta ce, "Maman Rifkatu, ba ni makullin, ni zan duba miki gida da awaki. Allah ya ba ta lafiya." Allah ya saka mata.

Aka ɗauki hoto a nan, aka tura mu Katsina wurin likitan ƙashi. Muna shiga na ji warin maganin nan na asibiti, sai ga Iliya a idona. Maigidana ne ya riƙe hannuna muka shiga.

Likitan ya duba gwiwar, ya ga tabon tsaga. Ya ce, "Wa ya yi mata wannan?" Na sunkuyar da kai. Bai ƙara tambaya ba. Ya ɗaga hoton a gaban haske ya nuna mana wani abu da ya fito daga jikin ƙashi kamar ɗan reshe.

Ya ce, "Mama, kusa da ƙarshen dogon ƙashi akwai wurin da ƙashin yaro ke ƙara tsawo. Wani lokaci sai wani ɓangare ya kauce ya tsiro ta gefe, da guringuntsi a kansa. Yana girma tare da yaro, in yaro ya gama girma yakan tsaya. Muna ce masa ostiyokondiroma. Da yawa ma ba ma taɓa su, ido kawai muke sa musu. Nata yana goga jijiya ne, shi ya sa take jin ciwo."

Duk wannan bayani bai shige ni ba. Na ce, "Likita, za a yanke?"

Ya ce, "Abin da ya tsiro za mu cire. Ƙafa tana nan. Bisa ga hoton nan ba daji ba ne, amma za mu kai abin da muka cire gwaji don mu tabbata."

Aka yi aikin wata safiyar Talata. Na zauna a bencin ƙofar tiyata, ban iya ko waƙa ba, sunan Yesu kawai nake maimaitawa. Da aka turo ta, abin da na fara yi shi ne ɗaga mayafin. Na ƙirga ƙafafu, biyu. Na ƙirga yatsu. Ma'aikaciyar jinya tana kallona, ban damu ba.

Sakamakon gwajin ya ɗauki makonni. Waɗannan makonni sun fi mini shekara ukun tsawo. Ranar da muka koma, likita ya karanta takarda ya ce, "Ba daji ba ne, Mama. Ku je gida."

Ku yabi Ubangiji! Haleluya!

Ba zan sake yi muku ado da magana ba. Rifkatu ta rasa zango guda na karatu. Tabon aikin likita ya kwanta lafiya, amma na wanzami yana nan, kuma ni na kai ta. Za mu riƙa komawa ana duba ta har ta gama girma. Ni da maigidana har yanzu muna gyara abin da ƙaryata ta ɓata tsakaninmu. Jikina kuwa, ko kwana na yi ina barci, da gajiya nake tashi.

Amma shekaranjiya hadari ya taso, ga kayan makarantarta a kan igiya. Kafin in miƙe, sai na ga mutum ya wuce ni a guje. Na yi ihu, "Rifkatu, a hankali!" Ta juyo da kaya a hannu, ruwa yana dukanta, ta ce, "Mama, ba ya ciwo fa." Na koma kan kujera na zauna, na bar tuwo yana kamawa a tukunya, na yi kukan da ban samu yi ba tun ranar da na fara taɓa ƙullutun nan.

Iyaye, in kun ga kumburi a jikin yaranku, ku yi addu'a, ku kuma kai su a duba. Ubangijin da ke jin addu'a shi ne ya ba likita ilimi. Wanda ke ɓoye wani abu a cikinku saboda tsoro, na san irin gajiyar da kake ciki. Kada ka jira sai ka yi ƙarfi. Ka zo masa a yadda kake, ni ma a gajiye ya karɓe ni.

Godiya da ɗaukaka su tabbata ga Yesu Almasihu. Amin.