Ƙafafun Motar Yaya Maharazu

A rumfar wani mai faci a Garun Malam, wani manomi ya dire wili biyu a ƙasa.

"Ɗaura mini taya a kan waɗannan. Ƙaramar mota Dasin za a sa wa."

"Malam, wannan ai wilin a-kori-kura ne. Ƙofar noti biyar gare shi, Dasin kuwa huɗu."

"To a ɗaure huɗun, a bar ɗayar ta huta."

"Ƙofofin ba za su yi daidai ba. Kuma wannan lamba sha biyar ne, motar sha uku take ɗauka. Tayar za ta dinga gogar madigadi."

"Tun safe nake yawo, kowa sai ya kawo mini zancen lamba. Duk ba zagayayyu ba ne?"

"Ina nata na asali?"

"Suna jikin amalanken shanu. Tumatir ya nuna a Kadawa, mota tana zaune ba mai tuƙawa, shi ne na ari biyu."

"Ka ara? Ba taka ba ce?"

"Ta Yaya Maharazu ce. Yana kwas a Zariya, jibi zai dawo."

"To je ka kwanto su mana, ka hutar da ni."

"Amalanken na ba wani makiyayi, Jaji, aro ya kwashe kayansa. Sun yi kudu da shanu, sai damina."

"Yanzu a kan me motar take tsaye?"

"Bulo."

Mai facin ya ture wilin da ƙafa.

"Malam, bar neman taya. Je ka nemo dattijon da yayanka yake jin kunya."