Ƙanena Ilyasu Ya Dawo

Assalamu alaikum, mai gabatarwa. Ni ne Malam Bello, tsoho daga wani ƙauye kusa da Abu Hujar. A karanta wannan da ƙarfi.

Shekarun baya ƙanena Ilyasu ya tafi cirar auduga a Jazira, bai dawo ba. Da aka gaji da nema, mutanen gari suka zo mini ta'aziyya. Na ƙi shimfiɗa tabarma, na ce ban ga gawa ba. Suka ce tsufa ya taɓa ni.

Bana wani maƙwabcina ya ga dattijo a kasuwar Dindir yana saƙar zana daga hagu, irin ta mahaifinmu bahago. Na je da sandata, na same shi, Ilyasu ne. Ashe mota ce ta kayar da shi, ya manta har sunansa.

Na kawo shi gida. Har yau "ya Hajj" yake ce mini, kamar baƙo. Wasu na cewa in mayar da shi, tunda bai san ni ba. Ba inda za shi. Ni na san shi.

Ina gaida masu ta'aziyyar nan. Ku zo shan shayi, mamacinku na tsakar gida yana saƙa.