Katangar da Ba Ta Kai Ƙugu Ba

A tashar bas da ke gaban tsohon asibitin mahaukata, a wani gari na jihar Victoria, Desmond ya dafa katanga, ya dubi tsohuwar da ke jira kusa da shi.

"Baiwar Allah, wai wannan ake kira kurkuku. Ko ƙuguna ba ta kai ba. A ciki mahaifiyata ta rasu. Baba yakan kawo mu ran Lahadi, ya ce da tana son mu da ta ƙetaro."

"Kun taɓa shiga?"

"Mu yi me? Ita ta ƙi mu."

"To, sarkin masu hankali, a da akwai rami, daga baya aka cike shi. Ta ciki an haƙa shi a gindin katangar, ya fi tsayin mutum. An yi ta gajera ta waje don kada ran masu wucewa ya ɓaci."

"Aiki kika yi a nan?"

"Ajiye ni aka yi. Akwai wata doguwa, Maureen, da ke ɗaga wa wasu yara biyu hannu duk Lahadi, ba sa mayarwa. Mukan ce mata ba su hango ta ba ne."

Desmond ya daɗe yana kallon takalmansa.

"Mun hango ta," in ji shi.